Sukar alƙali da take umarninsa: wanne ne raina kotu?

"Barista, barka da aiki. Ni mai gabatar da shirin siyasa ne a wani gidan rediyo a Kano. Baƙina kusan kullum kwamishinoni ne, da masu ba gwamna shawara, da lauyoyi. Duk ranar da kotu ta yanke hukuncin da bai yi wa wani ɓangare daɗi ba, sai a zo a sauke wa alƙalai kwandon zagi, har a ce an saye su. Manajanmu ya ce wata rana za a ɗaure mu gaba ɗaya saboda raina kotu. Ni kuma abin da ya ɗaure min kai shi ne, na ga lauya ya yi wata guda a gidan yari saboda magana, amma manyan jami'an gwamnati suna take umarnin kotu, ban taɓa ganin ɗayansu a gidan yarin Kuje ba. Ina iyakar take? Kuma me ya sa abin yake tafiya haka?"

Malam, sannu da ƙoƙari, Allah ya taimaka. Tambayoyi biyu ka haɗa. Ta farko, wace irin magana ce a kan alƙali ko hukuncinsa za ta iya kai mutum gidan yari. Ta biyu, me ya sa mai magana yake shan ɗauri, wanda ya ƙi bin umarni kuma yake kwana a gidansa. Bari in ba ka amsar a dunƙule tukuna. Sukar hukunci ba laifi ba ne a dokar Najeriya, ko da sukar ta yi zafi. Abin da doka ta hana shi ne tsoratar da alƙali, da jifansa da zargin cin hanci babu hujja, da sa baki a shari'ar da ake cikin yi don a karkatar da ita, da hana zaman kotu tafiya. Ƙin bin umarnin kotu kuwa raini ne tsagwaronsa, kuma a ganina shi ne ya fi yi wa shari'a ɓarna a ƙasar nan, nesa ba kusa ba. Manajanku yana da dalilin tsorata, sai dai ba kowace suka ce ta kai a ji tsoronta ba.

Inda kotu ta samo wannan iko

Sashe na 6 na kundin tsarin mulkin 1999 ya bar wa kotuna ikon da suke da shi a matsayinsu na kotu, ciki har da hukunta wanda ya raina su. Sashe na 39, wanda 'yan jarida suka fi haddacewa saboda shi ya ba da 'yancin faɗar albarkacin baki, a ƙarƙashinsa akwai togaciya: ana iya yin dokar da za ta taƙaita magana domin kare martaba da 'yancin kotuna. Sashe na 287 kuma ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum aiwatar da hukuncin manyan kotuna. A Arewa, sashe na 155 na kundin laifuffuka, wato Final Kod, da ya fara aiki a 1960 ya tanadi ɗaurin da zai iya kai wata shida ga wanda ya ci mutuncin mai shari'a ko ya katse shi da gangan yana zaman shari'a. Wasu jihohi sun sake rubuta nasu kundin, lambar sashen ta canza, amma laifin yana nan. A Kudu, sashe na 133 na kundin laifuffukansu ya tanadi wata uku.

Abin da nake so ka riƙe shi ne dalilin ikon. Ba don a kare zuciyar alƙali daga ɓacin rai aka ba shi ba. An ba shi ne don talakan da ya kawo ƙara ya samu a saurare shi cikin natsuwa, idan kuma ya yi nasara hukuncin ya yi aiki. Malamanmu na Malikiyya sun gano wannan tun da daɗewa. A Mukhtasar na Shehu Khalil, wanda alƙalan ƙasar nan suka yi ta hukunci da shi tun kafin zuwan Turawa, an ba alƙali damar ladabtar da wanda ya yi masa rashin ladabi a majalisin shari'a, amma aka cire wanda ya ce masa ya ji tsoron Allah a lamarinsa. Wannan tausasa masa aka ce ya yi. Ga kuma hadisin da ya hana alƙali yanke hukunci tsakanin mutum biyu yana cikin fushi. Da za a riƙa tuna waɗannan biyun, da rabin rigingimun raina kotu ba su taso ba.

A gaban alƙali da bayan idonsa

Doka ta raba raini gida biyu, kuma rabon yana da amfani gare ka. Akwai wanda aka yi a gaban alƙali yana gani yana ji: ihu, zagi, ƙin amsa tambaya, kai wa shaida hannu. Wannan alƙali yana iya hukunta shi nan take, amma sai ya gaya wa mutum abin da ake tuhumarsa da shi, ya kuma ba shi dama ya kare kansa. Akwai kuma wanda aka yi a waje, a rediyo ko jarida ko Facebook. Wannan alƙali bai gani da idonsa ba, sai an kawo shaida. Kotun Ƙoli ta sha nanatawa, tun shari'ar Boyo a farkon shekarun 1970 da ta Deduwa a 1975, cewa idan maganar ta taɓa alƙalin shi kansa, bai kamata ya zama shi ne mai ƙara, shi ne shaida, shi ne mai yanke hukunci ba. A miƙa wa wani alƙalin, a bi hanyar shari'a yadda aka saba. Don haka ba a aiko ɗan sanda ɗakin shirinku a ɗauke ku zuwa gidan yari haka kawai. Sammaci ake yi, ku zo da lauya, a tabbatar da laifin yadda ake tabbatar da laifin da ake ɗauri a kansa, wato ba tare da sauran kokwanto ba.

Lauya

Lauyan da ka ambata ina jin Inibehe Effiong kake nufi. Ranar 27 ga Yuli, 2022, Babbar Alƙaliyar jihar Akwa Ibom, Mai Shari'a Ekaette Obot, ta tura shi gidan yari na wata guda, a shari'ar ɓata suna da gwamnan jihar na lokacin, Udom Emmanuel, ya shigar a kan wani lauya da Effiong yake karewa. Tun kafin ranar ya nemi alƙaliyar ta tsame hannunta daga shari'ar. Shi ya ce laifinsa kawai ya yi ƙorafi ne a kan 'yan sanda masu bindiga da ke cikin kotun. Kotun kuma ta ce ya ɗaga murya ya yi rashin ladabi. Ya cika watansa kafin ya fito. Ka lura, wannan a gaban alƙali aka yi, ba a rediyo ba, shi ya sa hukuncin ya zo da sauri haka. Kuma nan ne raunin tsarin yake: idan ɗaurin gajere ne, mutum yakan gama shi kafin Kotun Ɗaukaka Ƙara ta buɗe fayil ɗinsa.

Ba shi ne farau ba. A 1990 Mai Shari'a Ligali Ayorinde na Legas ya yanke wa Gani Fawehinmi wata goma sha biyu, saboda takardar da ya shigar yana neman a ɗauke shari'a daga gaban alƙalin bisa zargin son kai. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta soke hukuncin. A shekarar dai, kotun ta yanke wata shari'a da ta samo asali nan Kano, ta Candide-Johnson da Edigin, inda wata majistare ta sa aka tsare lauya bayan sa-in-sa a zaman kotu. Alƙalan sama suka ce ikon hukunta raini ba makamin ramuwa ba ne, kuma ana son alƙali ya fi kowa haƙuri a cikin ɗakin. Daga waɗannan aka gane cewa neman alƙali ya tsame hannunsa, cikin ladabi da dalili, haƙƙin lauya ne.

A aikace, yawancin irin wannan rikici ba ya kai wa gidan yari. Na taɓa zama a wata babbar kotu ina jiran a kira tawa shari'ar, sai wani matashin lauya ya yi ta katse alƙali, har ya kai ga cewa shi ya riga ya san inda hukuncin ya dosa. Alƙalin ya ajiye biro, ya cire tabarau, ya ce masa ya tuɓe hular lauya da rigar, ya fita daga layin lauyoyi ya shiga akwatin da wanda ake tuhuma yake tsayawa. Kafin yaron ya kai ga akwatin, dattijon da ya fi kowa daɗewa a aikin a cikinmu ya miƙe, muka miƙe a bayansa. Ya ce, "Ya mai shari'a, ɗanka ne, kuskure ya yi, a bar mana shi." Aka ɗage zaman na ɗan lokaci, aka fita da yaron baranda aka wanke shi tas, ya dawo ya ba da haƙuri, shari'a ta ci gaba. Wannan al'ada ta fi ɗauri gyara mutum, kuma alƙalan da suka san aiki sun fi son ta.

A wajen kotu kuwa, lauya yana ɗauke da nauyin da ɗan siyasa ba ya ɗauke da shi. Ƙa'idojin aikin lauya, na 2007 da sababbin na 2023, sun ɗauke shi a matsayin jami'in kotu. Sun ce idan yana da ƙorafi na gaskiya a kan alƙali ya kai wa hukumar da ta dace, wato Majalisar Kula da Harkokin Shari'a ta Ƙasa, NJC, ko hukumar shari'a ta jiha idan ƙaramar kotu ce. Sun kuma hana shi fita ya yi maganar da za ta iya karkatar da shari'ar da yake ciki. To ka ga lauyan da ya fito daga kotu da rigarsa, ya tsaya a gaban kyamara yana sake yin shari'ar da ya gama yi a ciki, ya fi kowa a cikin baƙinka kusa da matsala. Ko kotu ba ta kira shi ba, ana iya kai shi gaban kwamitin ladabtar da lauyoyi, LPDC, wanda yake da ikon dakatar da shi ko soke sunansa daga aikin gaba ɗaya.

Amma wannan ba ya nufin lauya ya kama bakinsa. Idan an gama shari'a, hukunci ya zama na jama'a. Ka tuna Nuwamba 2023, da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tabbatar da cire Gwamna Abba Kabir Yusuf, sai takardar hukuncin da aka buga wa hatimi ta fito da wani sakin layi da ke cewa akasin haka, kotun ta ce kuskuren rubutu ne. Lauyoyi sun yi ta caccakar abin a kowace kafa, kuma suna da cikakken 'yancin yin haka, domin takarda ce a hannu kowa yana karantawa. A Oktoba na shekarar, Mai Shari'a Musa Dattijo Muhammad, a jawabinsa na barin Kotun Ƙoli, ya faɗi maganganu a kan yadda ake tafiyar da ɓangaren shari'a da suka fi na lauyoyi da yawa ɗaci. Idan alƙalin Kotun Ƙoli zai faɗa, babu dalilin da za a ce lauya ko ɗan jarida ba zai tattauna ba.

Wani haɗarin da ya fi raina kotu kusa a yau shi ne ƙarar ɓata suna. Lauya Dele Farotimi, da aka kama a Legas a Disamba 2024 aka kai Ekiti, ba kotu ce ta tuhume shi da raini ba. Ƙorafin babban lauya Afe Babalola ne a kan zargin da ya rubuta cewa an murɗe shari'a. Ya yi makonni a tsare kafin beli, daga baya aka janye tuhumar. Duk wanda zai ce an sayi alƙali, ya sani akwai wanda yake cewa ya saya, shi ma yana da lauya.

Jami'in gwamnati mai baki

Kwamishina ko minista ba shi da wata kariya a nan. Rigar kariya ta sashe na 308 ta shugaban ƙasa ce da mataimakinsa, da gwamna da mataimakinsa, iyakarta ke nan. A takarda, kwamishina da mai sayar da goro matsayinsu ɗaya a gaban wannan doka. Ni kam ina ganin na jami'in ya fi muni, domin idan mai mulki ya ce alƙalai 'yan kasuwa ne, magoya bayansa ba ra'ayi suke ji ba, izini suke ji. Kun gani a Kano a Satumba 2023, da kwamishinan filaye na lokacin, Adamu Aliyu Kibiya, ya fito a bidiyo yana cewa alƙalin da ya karɓi kuɗi ya juya hukunci ya zaɓa tsakanin kuɗin da ransa. Gwamna ya sauke shi daga muƙami. Bayan 'yan kwanaki, ranar 20 ga wata, alƙalan kotun zaɓen ta intanet suka karanta hukuncinsu. Wannan magana ba suka ba ce, barazana ce, kuma ko babu dokar raina kotu laifi ce a Final Kod.

Idan kana son ganin inda aka yi amfani da sandar a kan masu rediyo, duba ƙasar Gana. A shari'ar zaɓen shugaban ƙasa ta 2013, Kotun Ƙolinsu ta ɗaure wani editan jarida kwana goma, da wani mai magana da yawun jam'iyya mai mulki kwana uku. A Yuli 2016 ta ɗaure mai gabatar da shiri a Montie FM da baƙinsa biyu wata huɗu, saboda barazanar kisa ga alƙalai a kan iska, ta kuma ci masu gidan rediyon tara. Shugaba John Mahama ya sassauta musu bayan kimanin wata guda. Abin lura gare ka, mai gabatarwar bai tsira da cewa baƙi ne suka faɗa ba. Ingila kuwa, inda muka gaji wannan doka, ta soke laifin ɓata sunan kotu a 2013, ta bar alƙalai su kare kansu da ingancin hukuncinsu. Najeriya ba ta soke ba, sai dai kotunanmu ba su cika amfani da shi a kan masu sharhi ba.

Wanda ya ƙi bin umarni

Nan ne tambayarka ta fi nauyi. Ƙa'idar a fili take: umarnin kotu ana bin sa har sai wata kotu ta soke shi, ko da kana ganin kuskure ne, ko da kana ganin kotun ba ta da hurumi. Hanyarka ita ce ka ɗaukaka ƙara ka nemi a dakatar da aiwatarwa. Kotun Ƙoli ta kafa wannan tun 1986, zamanin soja, a shari'ar gwamnan Legas da Ojukwu. Gwamnati ta tura jami'ai da makamai suka fitar da shi daga gidan da ake shari'a a kansa a Ikoyi, aka umarce ta ta mayar da shi ta ƙi, sannan ta zo Kotun Ƙoli tana neman alfarma. Kotun ta ƙi ba ta, Mai Shari'a Kayode Eso ya kira abin da ta yi rashin bin doka daga masu mulki.

Yanzu ka auna wannan da abin da muka gani da idonmu. Sambo Dasuki, kotuna daban-daban sun ba shi beli, kotun ECOWAS ta ce a sake shi a Oktoba 2016, bai fito ba sai Disamba 2019. Sheikh Ibrahim Zakzaky da matarsa, Mai Shari'a Gabriel Kolawole ya ba da umarni a Disamba 2016 a sake su cikin kwana 45 a biya kowannensu naira miliyan 25, ba su fito ba sai Yuli 2021 da babbar kotun Kaduna ta sallame su. A Agusta 2018 Shugaba Buhari ya gaya wa taron lauyoyi na ƙasa cewa tsaron ƙasa da maslaharta suna gaba da bin doka. Sai canjin kuɗi na 2023, wanda babu gidan da bai ji a jikinsa ba. Kaduna da Kogi da Zamfara suka kai ƙara, ranar 8 ga Fabrairu Kotun Ƙoli ta ce kada a daina karɓar tsofaffin takardun 200 da 500 da 1,000. Ranar 16 ga wata shugaban ƙasa ya fito ya ce ta 200 kaɗai ya yarda. Ranar 3 ga Maris kotun ta yanke hukunci cewa duka ukun su ci gaba har ƙarshen shekara, ta kuma yi tir da ƙin bin umarninta. Duk da haka sai 13 ga Maris Babban Banki ya sanar da zai bi. A tsakanin nan mutane suna kwana a layin banki.

Ba wai kotuna ba su taɓa gwadawa ba. A ƙarshen 2022 an yi uku a jere. Mai Shari'a Chizoba Oji ta Abuja ta ce a kai shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, Kuje saboda ba a mayar wa wani tsohon hafsan sojin sama motarsa da naira miliyan 40 ba, umarnin da aka bayar tun 2018. Mai Shari'a Mobolaji Olajuwon ta yanke wa Sufeto Janar na lokacin, Usman Alkali Baba, wata uku saboda wani ɗan sanda da aka yi wa ritayar dole a 1992, kotu ta ce a mayar da shi tun 2011. Babbar kotun Minna ta ce a tsare Babban Hafsan Sojin Ƙasa na lokacin, Faruk Yahaya. Babu wanda ya kwana a gidan yari a cikinsu. Na Bawa an janye cikin 'yan kwanaki, na Sufeto Janar cikin makonni biyu, bayan lauyoyinsu sun nuna wa kotu an fara bin umarnin.

Me ya sa? Babban dalili, kotu ba ta da ɗan sanda ko gidan yari nata. Alƙali yana rubutawa ne, ɓangaren zartarwa ya aiwatar. Idan Sufeto Janar ne za a kama, wa zai kama shi? Sai kuma tsaurin hanyar kanta. Dokar aiwatar da hukunci ta ce sai an fara kai wa mutum takardar gargaɗi, Fom 48, haɗe da kwafin umarnin. Idan ya ci gaba da ƙi, a kai masa Fom 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Kuma hannu da hannu ake so, sai in kotu ta yarda a bi wata hanya. Kuskure kaɗan a nan yana rushe komai, domin 'yancin mutum ake magana. Ga lauyoyin gwamnati da za su shigar da ɗaukaka ƙara su ce a jira. Ga sauyin muƙami, sabon shugaba ya ce shi bai san zancen ba. Idan kuɗi ne, sashe na 84 na dokar ya ce sai Antoni Janar ya yarda kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati, wato ka nemi izinin lauyan wanda kake bi bashi.

Dole in faɗi laifin ɓangarenmu ma. Idan kotuna masu daraja ɗaya suka ba da umarni masu karo da juna, sun ba mai son ƙin bi mafaka. A rikicin masarautar Kano na Mayu 2024, Babbar Kotun Tarayya ta ce kaza, babbar kotun jiha ta ce akasinsa, kowane ɓangare ya ɗaga takardarsa yana cewa ɗayan ne ya raina kotu, har Alƙalin Alƙalai na lokacin, Olukayode Ariwoola, ya kira shugabannin kotunan biyu. Lauyoyi ne suke yawo kotu-kotu suna neman inda za a ba su abin da suke so, alƙalai kuma suna sa hannu. A irin wannan hali, a bar wannan a koma kan mai sharhi a rediyo, an bar jaki ne ana dukan taiki.

Duk da haka kada ka gaya wa masu sauraronka cewa hanyar ba ta aiki. Na riƙe shari'ar wani ma'aikaci da aka kora ba bisa ƙa'ida ba, kotu ta ce a mayar da shi a biya shi albashinsa, ma'aikatar ta yi kunnen uwar shegu. Wasiƙu ba su yi komai ba. Ma'aikacin kotu mai kai takarda ya yi ta zuwa, kullum a ce oga yana taro, ko ya tafi Abuja. Muka koma muka roƙi kotu ta yarda a liƙa takardar a ƙofar ofishinsa, ta yarda. Aka liƙa Fom 48 da sunan babban sakataren, ba sunan ma'aikata ba, aka ɗauki hoto. Aka bi da Fom 49. Ranar da za a saurari buƙatar ɗaurin, lauyan gwamnati ya tare ni a bakin kotu da ambulan, takardar mayar da mutumin aiki ce, kwanan watan jiya a kanta. Jami'i yakan yi wasa da umarnin da aka ba ma'aikata, amma ba ya wasa da takardar da ke ɗauke da sunansa da maganar gidan yari. Ko a shari'o'in Bawa da Sufeto Janar, abin da ya yi shekaru a kwance sai da aka ambaci Kuje ya motsa. Manufar wannan nau'in ɗaurin tun asali a tilasta bi ne, shi ya sa da zarar an bi ake janyewa. Illar ita ce sai mai juriya da kuɗin lauya yake kai wa wannan mataki.

A ɗakin shirinku

Ban saurari shirye-shiryenku ba, kuma magana ɗaya tana iya zama suka a wani wuri ta zama raini a wani, gwargwadon lokaci da yadda aka faɗe ta. Bayanin nan na gaba ɗaya ne, ya kamata lauyan gidanku ya zauna da ku a kan dokar jiharku da ƙa'idojin hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin, NBC. Amma ga yadda nake auna abin idan aka tambaye ni. Baƙo ya ce hukuncin nan kuskure ne, ya saɓa wa sashe kaza, ya ci karo da abin da Kotun Ƙoli ta faɗa a baya, za mu ɗaukaka ƙara: bar shi ya yi ta yi, ko da murya sama. Ya ce ɓangaren shari'a yana fama da cin hanci kuma NJC ba ta yin abin da ya isa: wannan ra'ayi ne a kan hukuma, ita NJC ɗin da kanta tana ladabtar da alƙalai. Ya kama sunan alƙali ya ce an ba shi kuɗi: tare shi nan take, ka tambaye shi hujja, ka tambaye shi ko ya kai ƙorafi NJC, in babu ka nemi ya janye, ka faɗa da bakinka cewa gidan ba ya tare da wannan magana. Ya ce alƙali ya kuka da kansa, ko ya ambaci unguwar da yake zaune, ko iyalinsa: kashe makirufo, babu tattaunawa.

Ka fi taka-tsantsan da shari'ar da ba a gama ba, musamman ta laifi, da kwanakin da ake jiran hukuncin zaɓe. Kawo rahoton abin da ya faru a zaman kotu daidai yadda ya faru ba laifi ba ne. Abin gudu shi ne yanke wa wanda ake tuhuma hukunci a kan iska, ko kiran shaida ya zo ya faɗi abin da bai riga ya faɗa a kotu ba, ko matsa wa alƙali lamba. Idan lauya ne baƙon, tambaye shi tun kafin ku shiga ko yana cikin shari'ar. Ku ajiye rikodin kowane shiri, domin idan sammaci ya zo, gutsuren daƙiƙa talatin da ke yawo a WhatsApp za a kawo, ku kuma cikakken shirin ne zai nuna ka tare baƙon. Idan kuma kwamishina ya zo yana kukan cewa alƙalai sun lalace, ka shirya masa tambaya ɗaya tun daga gida: umarnin kotu nawa ne ke kan teburin ma'aikatarsa da ba a bi ba, kuma yaushe za a bi su.